Ƙayar Kurungu Uku Ce

Ku ƴan yanzu, kamyo, babbar motar kayan nan, ya sauke muku kartan a bakin tasha, ku yanke igiya, ku kasa kifi a kan tebur, sai ku ce kun iya sana'a. Jiya da kunnena na ji ɗayanku yana ce wa wata mata, "Duk kifi ne, Hajiya, ɗauki." Da a gaban Kawu Kiyari ya faɗi haka, da ranar nan bai ƙara zama a rumfa ba. To ku ajiye wuƙaƙen nan ku matso, ku ji yadda muka yi ta tun babu mota ko ɗaya mai bin hanyar gabas.

Kawu Kiyari ƙanen mahaifiyata ne, Bamange, gajere, mai faɗin kafaɗa. Mu manoma ne a wani ƙauye kusa da Kelle. Shi kuwa fatauci yake yi tsakanin Gure da kogin Komadugu: ya kai gero da kanwa, ya dawo da kifin banda. Ina da shekara kamar ashirin, zamanin Nasara, ya zo gidanmu bayan girbi ya ce wa mahaifina yana son mai ƙarfin ɗaura kaya. Washegari na bi shi. Takarkari huɗu muka kora, muka bi ta Gudumariya, muka bi ta Maine, rairayi na cin ƙafa, har ranar da na hango wani abu yana ƙyalli tsakanin itatuwa. Na ce, "Kawu, mene ne wancan?" Ya ce, "Ruwa ne, Isuhu. Rufe bakinka kada ƙuda ya shiga." Ni da ban taɓa ganin ruwan da ya wuce tabkin damina ba! Ga kwale-kwale, ga koma a shanye a rana, ga hayaƙi yana tashi ta ko'ina, ga tsuntsaye fari fat a kan gaɓa. Wallahi da gudu na ƙarasa, na bar shi da shanu.

Aikin farko da aka sa ni shi ne cire kifi daga koma. Mai masaukinmu wata tsohuwa ce, Ya Falmata, ƴaƴanta ke kamun kifi, ita ke banda. Ƴaƴan suka jawo koma bakin gaɓa, na ga wani ɗan kifi mai gashin baki, bai fi tafin hannu ba, na ce bari in fara da ƙarami. Ina cafkarsa sai ya yi ƙara, ƙurr-ƙurr, kamar ana jan ƙofar kara. Kifi yana magana! Kafin in gama mamaki ya miƙe ƙayoyinsa tsaf, ɗaya ta shige mini nan, gindin babban yatsa. Ga tabon, ku duba. Na ja, ta ƙi fita, don tana da haƙora irin na zarto masu kallon baya. Na yi ta tsalle da kifi a rataye a hannu, masunta suna faɗuwa don dariya.

Ya Falmata ce ta zo ta kama wuyan hannuna, ta murɗa ƙayar ta zare, ta tsoma hannun cikin ruwan zafi. Ta ce, "Ɗan tudu, kun gaisa da kurungu. Yanzu ƙirga mini ƙayarsa."

Na ce, "Ya Falmata, hannuna fa!"

Ta ce, "Hannunka zai warke. Ƙirga."

Na ƙirga. Ɗaya a baya, ɗaya a dama, ɗaya a hagu.

Ta ce, "Uku. Duk inda ka je, sama da ƙasan kogin nan har Tabkin Cadi, za ka ji wani ya ce kurungu, wani ya ce karaya, mu ma da namu sunan da Barbarci. Kada ka yi gardama da kowa. Amma ka duba ukun nan, da kwalkwalin ƙashi a kansa. In babu su, ko wa ya gaya maka suna, ƙarya ne."

Kwana ashirin muka yi a wurinta, kullum da jarrabawa. Kun san hayaƙi ba ya barin launi, kifi ya kwana biyu a kan banda duk ya zama baƙi. To sai Kawu ya cika buhu da kifi iri-iri, ya ce in zura hannu, in faɗi suna kafin in fito da shi. In na ji ƙaya biyu a gefe, baya kuwa laushi tun daga wuya har wutsiya, kai a baje, tarwaɗa ce. In na ji jeren ƙayoyi a gadon baya ɗaya bayan ɗaya, jiki da sulke wanda wuƙa ba ta kama shi, gartsa ce. In ƙayoyin suna haɗe da fata kamar mafici, jiki da ɓawo, karfasa. Ragon ruwa santsi gare shi, da dogon gashin baki wanda wuta kan ƙone, sai ka nemi kututturensa da farce. In na yi kuskure Kawu ba ya duka. Sai ya ce, "Maida shi, ka ba shi haƙuri, ka kira shi da sunan wani." Yatsuna suka yi kaca-kaca. Amma ranar da na faɗi goma a jere ban ɓata ba, Ya Falmata ta yi guɗa har maƙwabta suka leƙo.

Ɗaurin kaya shi ne rabin sana'ar. Kayan aikinmu ba yawa: tabarmin kaba, igiya, basilla, wuƙa, sai wani ɗan awartaki da maƙerin Gure ya yi wa Kawu don karya ƙaya. Kowane kurungu sai an karya masa ukun nan, amma a bar kututture, don mai saye ya gani da idonsa. Gartsa a jera ta daga waje, sulkenta ya tsare na ciki. Tarwaɗa da aka naɗe kamar gammo ta shiga tsakiya, don ita ce mai saurin farfashewa. A barbaɗa toka da barkono saboda ƙwaro, a ɗinke, kuma duk kwana uku a hanya a buɗe a shanya. A tafiyata ta biyu na yi gaggawa, na bar kurungu ɗaya da ƙayarsa a ƙasan ɗauri. Mun wuce Gudumariya muna hawan wani tudun rairayi, ƙayar ta huda tabarma ta soki takarkari a gadon baya. Jan sa ne mai haƙuri, amma ranar nan ya zama barewa. Ya yi sama, ya yi ƙasa, ɗauri ya fashe, kifi ya watsu a gangare, kan ka ce me shirwa ta cika sama. Ni da Kawu muna gudu muna tsinta muna jifa, shirwa na ɗauka ta gabanmu. Da muka gama, Kawu ya nemo kurungun nan ya ɗaure shi da zare ya rataya mini a wuya. Da shi na shigo Gure.

Mutanen Gure kuwa, a lokacin, ba su san kifi da rai ba. Duk mai tsini a jiki kurungu suke ce masa. Kuma ku lura da kalmar ƙaya, don nan ne sabon shiga ke faɗuwa. Mace za ta zo ta ce, "Ba na son mai ƙaya." Sai ka tambaye ta, ta waje ko ta ciki? In yara za ta ba, ta ciki take tsoro, wadda ke maƙale a maƙogwaro. To ita sai ka ba ta kurungu, duk da tsininsa, don ƙayarsa a waje take, cikinsa tsoka ce da mai. In ka ji ta ce mai ƙaya ka hana ta kurungu ka ba ta ƙananan kifin nan masu santsi, ka cuce ta, su ne cike da allurai. Mai jego tarwaɗa ake saya mata, ko ragon ruwa in mijin yana son a san ya yi. Makiyayan Alakos masu zuwa da raƙuma ba sa saye, sai su tsaya nesa su toshe hanci. Gartsa kuwa sai da Kawu ya riƙa gasa ta a cikin sulkenta nan bakin rumfa, ya fasa, farin nama ya fito yana tururi, sannan mutane suka yarda ba macijiya ba ce.

Wata ranar kasuwa wani dogon mutum ya tsaya a kaina, da farar riga da hular soja. Mamadu sunansa, kukun bariki, mutumin Sanigal ne daga bakin teku, Hausarsa guntu-guntu. Ya ce, "Akwai kapiten?"

Na miƙe tsaye na ce, "Ranka ya daɗe, ba mu gan shi ba. Yana can bariki."

Ya ce, "A'a, kapiten na ci. Na miya."

Na dubi Kawu, na ce a raina yau mun haɗu da mai cin mutane. Mamadu ya tsuguna ya yi ta tona kaya har ya ciro gutsuren giwan ruwa, ya nuna manyan ƙayoyin bayanta masu kama da mashi, ya ce, "Ga kapiten!" Ashe haka Nasara ke kiranta. Kawu ya yi dariya har ya riƙe ciki.

Tun daga ranar Mamadu ya zama ɗan rumfa. Shi ya ba mu labarin teku, ruwan gishiri wanda ba a ganin ƙarshensa. Ya ce masuntan garinsu wani lokaci suna sakin ƙugiya da igiya mai tsawon gaske, har inda hasken rana ba ya kaiwa, su jawo wani jan kifi, ja wur, idanunsa manya kamar bakin kofi, ƙaya a baya, ƙaya a kumatu. Ya ce kafin ya iso sama cikinsa ya fito ta baki. Na ce, "Me sunansa?" Ya ce ai nan ne rigimar, suna ɗaya kifi uku ko huɗu ke amsa shi, kowane gari da wanda yake nufi. Wani ana ce masa kunama, don in ya soke ka sai ka kwana kana kuka. Wani jan kuma Nasara na ce masa soja. Kawu ya tafa hannu ya ce, "Ga kapiten, ga soja. Ashe har cikin ruwa sun kafa bariki!" Sannan ya juyo gare ni ya ce, "Ka ji ko, Isuhu? Mu mun ce giwa, mun ce rago. Su sun ce kunama. Mutum a tudu yake zaune, in ya ga abin ruwa sai ya ara masa sunan abin da ya sani. Don haka suna na aro ne. Ƙaya ce tasa."

Sai shekarar fara ta zo. Gero ya fara fitar da kai, muka ga gabas ta yi ja, kafin la'asar ba ganye ko ɗaya a gona. Ciyawa ma ba su bari ba. Ba geron da za mu kai kogi, takarkarinmu biyu suka mutu, biyun da suka rage haƙarƙari a waje. Idon Kawu kuma ya fara yana, ba ya gane mutum sai ya yi magana. Abin da ya rage mana a rumfa gartsa ce kamar rabin tabarma. Jama'a suka koma kwari, inda ruwa ke kusa, suna haƙa rijiyoyi don noman rani, su samu ko rogo ko alkama kafin yunwa ta gama da su.

A cikin wannan hali, wata ranar kasuwa da hantsi, na ga mutane sun yi cincirindo a can ƙarshen layi. Wani Bafulatani ne, siriri, ya baje tabarmi biyu cike da busasshen kifi, yana cewa, "Kurungu! Kurungun tabki!" Yana bayarwa kusan kyauta, mata na turereniya. Na kutsa na ɗauki ɗaya. Dunƙulalle ne, fatarsa kaushi kamar harshen saniya. Na shafa baya, ba ƙaya. Na shafa gefe, ba ƙaya, ba ko kututture. Ba kwalkwali. Na duba baki sai na ga haƙora huɗu a haɗe, biyu sama biyu ƙasa, kamar bakin aku. Na ruga rumfa na sa shi a hannun Kawu.

Kawu ya shafa sau ɗaya, ya sa yatsa a bakin, ya miƙe tsaye kamar an tsikare shi. Ya ce, "Talibamban! An feɗe shi?"

Na ce, "A'a, da fatarsa da cikinsa."

Ya ce, "Innalillahi! Wannan shi ne mai kumbura kamar tulu in an taɓa shi. Masunta kansu sai sun feɗe shi sun zubar da hanta da ƙwai kafin su ci. Da cikinsa guba ne. Wa ya saya?"

Kawu ya kama hannun wani ya ce a kai shi wurin sarkin kasuwa. Ni na koma wurin Bafulatanin na kife tabarma a kan kayansa. Mata suka taso mini, wata ta ce baƙin ciki nake yi don an fi mu araha. Na ɗaga kifin sama na ce, "Ƙayar kurungu uku ce! Duk wadda ta nuna mini ko ɗaya a jikin wannan, ta je rumfarmu ta kwashe abin da ke ciki!" Suka yi ta juya kifi a hannu. Ba wadda ta samu. Sai wata ta ce, "Wayyo, Iya Zara! Tun da sassafe ta cika ƙwarya ta tafi kwari. Mijinta ya kira gayyar rijiya, ita ke dafa musu."

Ban san na iya gudu ba sai ranar. Daga kasuwa zuwa kwarin nan akwai tafiya, tudun rairayi biyu ne a tsakani. Takalmi ya tsinke na bar shi. Na hau tudu na biyu na hango dabino, na hango hayaƙi, na hango maza sun fito daga rami suna wanke hannu. Na yi ta ihu, iska na kwashe muryata. Ina isa, Iya Zara ta sauke tukunya ke nan, ludayi a hannunta. Ban tsaya sallama ba, na sa ƙafa na ture tukunyar, miya ta malale cikin rairayi.

Ku tuna, mutum goma sha ne, tun asuba suke haƙa, wasu kwana biyu ba su ga miya ba. Suka yo kaina da magirbi da sanda. Mijinta, Malam Bukar, ya shaƙe mini wuyan riga ya ce, "Kai, mahaukaci ne kai? Ɗan wa ne?" Na durƙusa na tona cikin miyar mai zafi, na ciro kai ɗaya na nuna musu haƙoran. Na ce, "Baba, ba kurungu ba ne. Guba ne. Wa ya ci?"

Kowa ya ce bai ci ba. Sai Iya Zara ta ce a hankali, "Ni na ɗanɗana gishiri, sau biyu. Na ci ɗan gutsure." Ta taɓa bakinta ta ce, "Leɓena kamar ba nawa ba."

Malam Bukar ya sake ni. Aka jiƙa kanwa aka ɗura mata, ta yi ta amai, aka ɗauke ta a kan ƙofar kara zuwa gida. Harshenta ya yi nauyi, yatsunta suka mutu, kwana biyu tana kwance. A na uku ta tashi ta nemi kunu. Su kuwa masu gayya, na koma kasuwa na ɗauko sauran gartsarmu a kai, muka hura wuta nan bakin rijiyar muka gasa. Mutanen da suka tashi kashe ni da hantsi, da azahar suna tsotsar yatsu suna tambayata ko akwai saura.

Da na dawo gari, sanƙira mai shela ya zaga unguwa-unguwa, an maido da kifin duka, an haƙa rami an binne. Allah ya kiyaye, ba wanda ya rasa ransa. Bafulatanin nan kuwa yana zaune kusa da tabarminsa babu komai a kai, ya haɗa kai da gwiwa. Buba sunansa, daga wajen Alakos. Ya kora shanunsa zuwa Tabkin Cadi neman ciyawa, suka mutu a hanya ɗaya bayan ɗaya. Saniyar ƙarshe ya bayar aka ba shi kifin nan, ya ɗoro a kan jakin aro.

Ya ce wa Kawu, "Baba, wallahi kurungu suka ce mini. Ni ban taɓa sa kifi a baki ba, mu ba ma ci. Da me zan gane?"

Kawu ya ce, "Ka san ciwon shanu?"

Buba ya ce, "Tun ban iya tafiya ba."

Kawu ya ce, "Ina da biyu a gida sun kusa kwantawa. Ni idona ya tafi, Isuhu kuwa ya san kifi amma saura kaɗan ya taɓa kashe mini sa. Tashi mu je ka gan su."

Buba ya tayar da shanun nan da sassaƙe da ganyen da ya riƙa hawa itace yana sarowa. Da kogi ya ja baya, ni da shi muka kora su gabas, Kawu ya zauna a rumfa. Buhun nan na jarrabawa ni na riƙe masa, ya sha suka har ya fi ni tabo. Shekara talatin da wani abu muna bin hanyar tare, har kamyo ya zo ya karɓe ta. Ya kai ga ya fi ni sanin kifi, don shi ko hannu ba ya sawa, hanci ya ishe shi. Amma bai taɓa ci ba, ko sau ɗaya. Da muka tsufa, wata rana yana zaune nan inda kake zaunen nan, na ɓare wani lafiyayye na miƙa masa na ce, "Buba, don Allah, ko loma ɗaya kafin mu mutu." Ya karɓa, ya shinshina, ya ce, "Ragon ruwa ne, na ƙasan Maine, da icen bagaruwa aka yi bandarsa, kuma mai bandar ta yi gaggawar saukewa." Ya maido mini ya goge hannu a riga ya ce, "Ci abinka, Isuhu. Ni a kawo mini nono."